Sannunku Da Aiki, Gwanayen Musanya Kalma

Akwai ma'aikata a ƙasar nan da ba a taɓa kiran su fadar gwamnati an rataya musu lambar yabo ba, alhali da za su shiga yajin aiki na wata guda, da an ga jami'o'in da suka kasa yaye ɗalibai da shafukan labarai da suka wayi gari fayau. Gwanayen musanya kalma nake nufi, mutanen da za ka miƙa wa rubutun wani su bi shi layi-layi, su cire "ya tafi" su sa "ya wuce", su cire "babba" su sa "ƙato", su cire "saboda haka" su sa "a dalilin hakan", kafin shayinka ya huce sun miƙo maka shi ya zama naka halak malak. Doka ɗaya tak sana'ar take da ita, kuma ba wanda ya isa ya taka ta: ba a taɓa sunan yanka. Sunan mutum, sunan gari, sunan hukuma, shekara da adadi, duk a bar su inda aka same su.

Wannan doka ce ta fara sa ni ganin girmansu. A zamanin da kowa ke kukan amana ta yi ƙaranci, ga mutanen da za a damƙa wa shafi ɗari su dawo da kowane Bello yana Bellonsa, kowace Katsina tana Katsinarta. Ɗauki jimlar da ɗan firamare ma ya haddace: Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi hijira daga Degel zuwa Gudu a shekarar 1804. Gwani zai zauna ya ƙura mata ido, ya ware abubuwan da ba a taɓawa, wato Shehu da Degel da Gudu da 1804. Saura kalma ɗaya mai nauyi, hijira. Sai ya buɗe ƙamus. Na farko ya rubuta cewa Shehu ya yi ƙaura. Na biyu, wanda daga na farko ya kwasa, ya ce Shehu ya sauya matsuguni. Na uku ya ce ya yi balaguro. Kafin jimlar ta kai hannu na biyar, Shehu ya kai ziyarar aiki Gudu. Degel na nan daram, Gudu na nan, 1804 ko ɗigo bai goge ba. Abin da ya zube a hanya ɗan kaɗan ne: ƙuncin da ya tilasta tafiyar, da koyi da Manzon Allah (SAW) da ya sa jama'a suka kira ta da wannan suna, da mubaya'ar da aka yi a Gudu, da jihadin da ya biyo baya. Tarihin ne kawai ya ɓata. To, wa ke cin tarihi?

Kada kuma wani ya ɗauka kiyaye sunayen nan wasan yara ne. Sunayen garuruwanmu magana suke yi, kuma ƙamus ba ya tambayar kalma ko ita 'yar wane gida ce. Da gwani zai yi gyangyaɗi na minti ɗaya, sai Gudu ta koma Tsere, a wayi gari Shehu ya yi balaguro daga Degel zuwa Tsere. Dutse ta zama Tsauni, Sabon Gari ya zama Ɗanyen Birni, Tudun Wada ya zama Jigawar Arziki, Kasuwar Kurmi ta koma Cinikin Daji, Ɗanmaraya Jos kuwa a same shi cikin kundin wani a matsayin Yaron Da Ya Rasa Iyaye Na Filato. Masu ƙera manhajojin wannan aiki sun hango haɗarin tun da wuri. Wasu manhajojin an tsara su ne su tsallake duk kalmar da ta fara da babban baƙi. QuillBot kuwa, wadda aka kafa a 2017 kuma ɗalibanmu suka fi sanin sunanta fiye da sunan shugaban tsangayarsu, tana ba mutum dama ya zaɓi kalmomin da yake so a daskarar, ta jujjuya sauran. Ka ga inda ilimi ya kai ɗan Adam: na'ura ta koyi kunyar manya.

Cikin dukkan sunayen da ke cikin rubutu, guda ɗaya ne kawai sana'ar ta yarda a sauke, shi ne sunan wanda ya rubuta. Masu gajeren tunani suna kiran wannan satar fasaha. Ni kuwa na duba na ga taimako ne. Mutum ya kwana bakwai bai runtsa ba, ya bi ɗakunan karatu, ya yi hira da tsofaffi, ya kashe kuɗin mota, ya rubuta, ya goge, ya sake rubutawa. Me ya rage ya lalata masa lada? Riya. Ganin sunansa a saman takarda, mutane na cewa wane ya iya. Sai Allah ya haɗa shi da ɗan'uwa na gari, ya zo ya cire masa sunan, ya sa nasa, ya ɗauki nauyin yabon duka a kansa. Aikin bawan Allah ya koma sadakar ɓoye, wadda ko shi mai bayarwar bai san ya bayar ba. Idan ƙarin girma ya zo a wurin aiki, ko aka ba da digiri, ko kuɗin talla ya shigo shafi, gwani ne zai jure fitinar duniyar, marubuci yana can gefe cikin tsarkin zuciya da bashin mai shago.

Wanda yake son sanin darajar wannan fasaha ya dubi abin da ya sami waɗanda ba su iya ta ba. Ranar 8 ga Satumba 2016, wajen ƙaddamar da gangamin nan na gyaran ɗabi'a mai cewa canji daga kan kowa zai fara, marigayi Shugaba Muhammadu Buhari ya karanta jawabin da aka rubuta masa, ashe wani yanki nasa an yanko shi ne daga jawabin nasarar zaɓe da Barack Obama ya yi a Chicago a 2008. Fadar shugaban ƙasa ta amsa cewa haka ne, ta ce za a hukunta jami'in da ya yi aika-aikar. Wata huɗu bayan nan, ranar 7 ga Janairu 2017, Nana Akufo-Addo ya sha rantsuwar kama mulki a Accra da jawabin da aka tsinci maganganun Bill Clinton na 1993 da na George W. Bush na 2001 a cikinsa. Shi marubucin wannan jawabi ma kifar da dokar sana'a ya yi gaba ɗaya: ya bar kalmomin yadda suke, ya je ya taɓa suna, ya cire Amurkawa ya sa mutanen Ghana. Kafin a gama kwashe kujerun taro an gano shi, daraktan yaɗa labaran shugaban ya fito yana ba da haƙuri. A Jamus kuwa abin har da rasa kujera. Karl-Theodor zu Guttenberg, ministan tsaro, matashin da ake yi wa hangen shugabanci, ya yi murabus a watan Maris na 2011 bayan Jami'ar Bayreuth ta ƙwace digirinsa na dakta saboda shafukan da ya kwaso ya liƙa yadda ya same su. Duk wannan abin kunya rashin haƙurin zama da ƙamus ne ya jawo shi. Da sun biyo ta bakin ƙofar kowace jami'a tamu, da yaran shagunan buga takardu sun fitar da su kunya a yammaci ɗaya.

Adalci ne kuma a yaba wa waɗanda suka raini sana'ar har ta kawo ƙarfi, wato hukumomin makarantu. Da can mai kwafe kwafe kawai yake yi, ba ya wahalar da kansa. Sai aka kawo Turnitin, manhajar wani kamfanin Amurka da aka kafa a 1998, wadda ke ɗaukar rubutun ɗalibi ta gwama shi da shafukan intanet da mujallun ilimi da rubuce-rubucen ɗaliban da suka riga shi, ta nemo jerin kalmomin da suka zo iri ɗaya, ta fitar da adadi: kashi kaza cikin ɗari na kama da na wasu. Har launi take sa wa adadin. Ƙasa da 25 kore, daga nan rawaya, sai ruwan goro, daga 75 zuwa sama ja wur. Kamfanin da kansa yana faɗa cewa adadin ba hukunci ba ne, sai malami ya zauna ya karanta ya ga me ya yi kama da me, kuma don me. Amma malamin da aka jibga wa ɗalibai masu rubuta kundi fiye da yatsun hannuwansa da na ƙafafunsa, ga aji, ga taron sashe, ga albashin da ba ya kai tsakiyar wata, ina ya ga lokacin wannan dogon bayani? Sai makarantu suka yanke gajeriyar hanya: wannan ta ce kada a wuce kashi 20, waccan ta ce 25. Kwamitin shugabannin jami'o'in Nijeriya ma ya samar da tasa manhajar ta gida, EagleScan. Tun daga ranar da gaskiya ta koma adadi, sai aka samu masu sana'ar rage adadi. A 2019 an sayar da kamfanin Turnitin kan kusan dala biliyan 1.75, masu manhajojin kauce masa su ma suna karɓar kuɗin wata-wata daga ɗalibai. Kowa ya samu. Duk wanda ya ce ilimi ba ya kawo arziki bai leƙa wannan kasuwa ba.

In kana son ganin aikin da idonka, ka je layin shagunan buga takardu na bakin makaranta a makon miƙa kundi. Janareto na ruri, injin fotokwafi ya yi zafi har takarda na fitowa a lanƙwashe, ƙasa duk guntayen bangon kundi ne. Ɗalibi zai kutso da gumi, filas a hannu.

"Oga, don Allah ka taimaka. 63 ta nuna. Malam ya ce in bai sauko ƙasa da 20 ba kada in sake taka ofishinsa."

Mai shago ko ɗaga kai ba zai yi ba. "Wane babi ne ya kama?"

"Na biyu."

"Kullum shi ne. Kawo filas ɗin. Akwai sunayen da ba ka so a taɓa?"

"Na malaman da ke ciki, da na garinmu."

"Je ka yi La'asar ka dawo."

Babi na biyu, ga wanda bai sani ba, shi ne bitar ayyukan da suka gabata, inda ɗalibi ke nuna wa duniya cewa ya karanta abin da magabata suka rubuta, ya fahimta, ya ga inda suka tsaya da inda shi zai ɗora. Tsakanin alwala da sallame sallah an gama masa wannan fahimta. Ya dawo ya tarar ruwan goro ya koma kore shar, 17 cif. Sunayen masana na nan a jere da shekarunsu, ba wanda ya ɓace, sai dai abin da aka ce sun faɗa ya ɗan yi musu yawa a kafaɗa, wani ma an sa shi ya ƙaryata kansa a tsakiyar jimla. Ɗalibi ya biya, kowane shafi da kuɗinsa, ya yi godiya har da addu'ar Allah ya ƙara buɗi. Bai karanta na asalin ba, bai karanta juyayyen ba, don haka zuciyarsa wasai, ba ya riƙe da kowa.

Kada a ce kuma abin namu ne na talakawa. Turawa sun riga mu, kuma sun fi mu ba da dariya. A 2014 wani malami a Jami'ar Middlesex da ke Landan, Chris Sadler, ya ci karo da wata magana a rubutun ɗalibi da ta tsayar da shi cak: mugun ɗuwawu. Da ya bi sawu, sai ya gano asalin maganar ita ce abin da aka bari a baya. A Ingilishi kalmar bari da kalmar hagu rubutunsu ɗaya, hagu kuma tana da takwara mai nufin mugu, baya kuwa kowa ya san abin da ke bayan mutum. Ƙamus ya yi aikinsa bilhaƙƙi. Sadler ya laƙaba wa ɗabi'ar suna daga sunan Peter Mark Roget, likitan da ya wallafa shahararren ƙamus na kalmomi masu kusancin ma'ana a 1852. Bawan Allah ya yi littafinsa don ya taimaki mai neman kalmar da ta dace da tunaninsa, bai san zai zama uban gidan waɗanda suke da kalmomi, tunanin ne babu ba.

Daga ɗalibai abin ya haura zuwa manya. A 2021 wasu masana uku, Guillaume Cabanac na Jami'ar Toulouse da Cyril Labbé na Grenoble, dukkansu a Faransa, da Alexander Magazinov, suka fitar da bincike a kan abin da suka kira azabtattun kalmomi a mujallun kimiyya. Waɗannan maƙalu ne da aka ce masana sun tace kafin a buga. A cikinsu da makamantansu an tarar ƙirƙirarriyar basira ta koma jabun hankali, sankarar mama ta koma haɗarin ƙirji, gazawar ƙoda ta koma takaicin ƙoda. Ka ji tausayi irin na gwanaye: likitoci sun shekara suna kallon ƙoda a matsayin tsoka, su ne suka fara gano cewa tana da zuciya, har rai yana ɓaci mata. Akwai wata hanyar lissafi da ke ɗauke da sunan Thomas Bayes, malamin coci ɗan Ingila da ya rasu a 1761, wadda a Ingilishi ake haɗa sunansa da kalmar da ke nuna sauƙin zato. Gwanaye sun bar masa sunansa kamar yadda doka ta ce, suka musanya kalmar kusa da shi, sai ga Bayes ya fito a mujalla a matsayin gaula mai yarda da duk abin da aka faɗa masa. Mujalla ɗaya ta kamfanin Elsevier, Microprocessors and Microsystems, sai da aka sa wa ɗaruruwan maƙalunta alamar shakku. Cabanac ya ƙera manhajar da ke bin mujallun duniya tana tsinto irin waɗannan kalmomi, kuma ta tsinto dubban maƙalu. Mutum ne marar tausayi, ba ya tunanin iyalan da ke ci daga wannan hanya.

Abin da ya fi taimaka wa irin su Cabanac, abin baƙin ciki, shi ne dai amanar nan da muke yabo. Gwani zai juya dogon sunan wata fasaha ya zama wani abu dabam, amma gajerun baƙaƙen da ake taƙaita sunan da su, tunda manyan baƙaƙe ne, sai ya bar su yadda suke. Sai ka ga suna na cewa gabas, taƙaitawarsa na cewa yamma. Daidai yake da wanda ya ɗauke babur a ƙofar masallaci, ya kai shi aka sake masa fenti, aka canza kujera da madubi, har da sabuwar kwalliya a tanki, amma saboda tsoron Allah ya bar lambar yadda take. Sunaye da shekaru da adadi da jerin da suka zo a kai, su ne lambar. Mai rubutu yana ganinsu zai gane kayansa ko da an shafe su da wane irin fenti.

Inda sana'ar ta fi nuna bajinta kuwa shi ne fagen labarai. Wani ɗan jarida zai hau mota ya je inda abu ya faru, ya yi tambaya, ya kira waya, ya jira a ƙofar ofis har rana ta take, ya aiko da rahoto. Minti goma bayan an buga, shafuka ashirin sun samu labarin "daga wakilinmu", wakilin da ko takalmi bai sa ba. Tunda kuwa kowane shafi na son nasa ya bambanta, sai a shiga rumbun kalmomi, Hausa kuma ba ta rowa. Rahoton asali ya ce hukuma ta gayyaci wane domin ya amsa tambayoyi. Na biyu ya ce ta kira shi. Na uku ya ce ta tsare shi. Na huɗu ya ce ta cafke shi. Na biyar, wanda ya fi kowa jin Hausa, ya ce an yi ram da shi. "Wanda ake zargi" ya yi tsawo, kuma shafin farko ya riga ya yi amfani da shi, sai ya koma "mai laifin". "Ya ce" ta zama "ya amsa cewa", ko "ya yi iƙirarin". Duk wannan tafiya sunan mutumin bai motsa ba, da sunan mahaifinsa, da unguwarsu, da inda yake aiki, har harafi ɗaya ba a ci masa ba. Ya je ofis ya sha ruwa ya amsa tambaya uku ya koma gida, ya tarar surukansa sun riga shi isowa da jaje. Da gwanaye sun kasance marasa amana sun ɓata sunan, da wani can ne zai ɗauki kunyar. Amma su ba sa zalunci irin wannan, mai kaya suke kai wa kayansa har gida.

Haka in babban mutum ya rasu. Wannan ya ce ya rasu, wancan ya ce ya riga mu gidan gaskiya, na gaba ya ce ya kwanta dama, kalmomin ladabi suka ƙare, na ƙarshe ya duba abin da ya rage a rumbu ya rubuta cewa dattijon ya sheƙa barzahu. A wajen ƙamus ai duk mutuwa ce.

Ba a rasa 'yan baƙin ciki ba, kuma mafi tsananinsu tsofaffi ne. Malaman balaga na Larabci sun daɗe da buɗe babi guda a kan satar waƙa. Alƙazwini, mai Talkhisul Miftah, wanda ya rasu a 1338, ya kasa satar kashi-kashi, ya sa kwashe lafazi gaba ɗaya a matsayin tsagwaron sata abar zargi, sannan ya ƙara da cewa wanda ya musanya kalmomin, duka ko wasunsu, da masu ma'ana irin tasu, hukuncinsa ɗaya da wancan. Ka ji tsaurin ra'ayi. Kusan shekara ɗari bakwai kafin a haifi QuillBot, mutum ya riga ya yanke mata hukunci ba tare da ya ji ta bakinta ba. Kuma wannan magana ba a can nesa ta tsaya ba, domin littattafan da aka waƙe Talkhis a cikinsu, irin su Uƙudul Juman na Suyuɗi da Jauharul Maknun na Akhdari, ana karanta su a zaurukan malamanmu. Shi Suyuɗin ma, da wani ya kwashi littattafansa bai ambace shi ba, maimakon ya gode da aka raba shi da riya, sai ya zauna ya rubuta risala sukutum a kan bambancin mawallafi da ɓarawo.

Malaman hadisi kuwa sun fi kowa wahalar da kansu. Da yawansu sun yarda a ruwaito hadisi da ma'ana, wato a faɗe shi da wasu kalmomin. Har na fara murna na ce ga hujjarmu, sai na ga sharuɗɗan. Wai sai mai ruwayar ya kasance masanin harshe, wanda ya san kalmar da ke karkatar da ma'ana da wadda ba ta karkatarwa. Wai yana da kyau in ya gama ya ƙara da cewa ko kamar yadda ya faɗa, don mai sauraro ya san lafazin ba tabbas ba ne. Sannan uwa-uba sai ya jero wanda ya gaya masa, da wanda ya gaya wa wancan, har zuwa tushe. Wato daidai sunan nan guda da mu muke saukewa, shi ne su suka ce in babu shi maganar ba ta da daraja. Malam Abdullahi na Gwandu ma littafi guda ya rubuta, Ida'un Nusukh, yana lissafa malaman da ya yi karatu a wajensu da abin da ya ɗauka daga kowanne. Mutum da iliminsa, maimakon ya bar mutane su ɗauka da shi aka haife shi, ya zauna yana tona wa kansa asiri. Mutanen da ba su san tattalin lokaci ba.

Ko Abubakar Imam, da ake ta kai mu gabansa, hanyar wahala ya bi. Manazarta sun nuna cewa labarai da dama na Magana Jari Ce, wanda ya rubuta a shekarun 1930, sun samo tushe daga Dare Dubu Da Ɗaya da tatsuniyoyin Jamusawa da wasu littattafan ƙetare. Amma dubi ɓarnar ƙarfi: ya karanta labari, ya narkar da shi a kansa, ya sake gina shi da fada da waziri da kasuwa da barkwanci irin namu, har sunayen ya canza, ya saƙa su duka a bakin aku, ta yadda yaron da ke karantawa a Kankiya zai rantse a bayan gidansu abin ya faru. Wannan aikin mai tunani ne, tunani kuwa yana sa ciwon kai. Irin wannan hanya ce har yau wasu malamai 'yan tsiraru ke koya wa ɗalibai: ka karanta har ka gane, ka rufe littafin, ka faɗi abin da ka gane da bakinka, ka ambaci mai shi, in ka ga ya yi kuskure ka nuna. Shafi ɗaya sai ya ci wa mutum wuni. Da wannan tafiyar hawainiya yaushe za mu kamo ƙasashen da suka ci gaba?

Abu ɗaya ne ke sa ni ɗan jimami. Tun da manhajojin ƙirƙirarriyar basira irin su ChatGPT suka bazu daga ƙarshen 2022, juyin ya fara fitowa sumul, ba takaicin ƙoda, ba mugun ɗuwawu. Nan gaba kaɗan za a riƙa yin aikin ba tare da an bar wa mai karatu ko abin dariya ba, wanda shi ne kaɗai ladan da yake samu. Amma ci gaba ba ya zuwa kyauta.

Roƙona ga malaman jami'a da na kwaleji, masu duba kundi na ciki da na waje, da editocin jaridu da na mujallun ilimi: ku riƙe amanar adadin nan da kyau. In ya nuna kore ku sa hannu. Kada ku tambayi wakili ranar da ya je garin da ya aiko labarinsa, ko wa ya gani a can. Ranar kare kundi kuma ku tambayi ɗalibi a kan faɗin gefen takarda da launin bango da yadda ya jera sunaye a shafin godiya, ku ci abincin da ya kawo, ku yi masa fatan alheri. Duk abin da za ku yi, don girman Allah kada ɗayanku ya ce masa ya rufe kundin ya faɗa muku da bakinsa abin da ke cikin babi na biyu.